Kashi nawa, cikin su wa? Lissafin ƙuri'a daga gidan kason Filinge zuwa allon makaranta

A ranar Lahadi 21 ga Fabrairun 2016, lokacin da 'yan Nijar suka fita zaɓen shugaban ƙasa, ɗaya daga cikin 'yan takara 15 yana kulle a gidan kason Filinge, garin da ke tazarar kusan kilomita 180 arewa maso gabashin Yamai. Hama Amadou, tsohon firaminista kuma tsohon shugaban majalisar dokoki, yana can tun watan Nuwamban 2015 bisa zargin hannu a safarar jarirai, zargin da ya musanta ya kuma kira bi-ta-da-ƙullin siyasa. Bai hau dandamalin kamfe ko sau ɗaya ba. Da aka fitar da sakamako, ya zo na biyu da kashi 17.73 cikin 100, yayin da shugaba mai ci Mahamadou Issoufou ya samu kashi 48.43.

Wata guda bayan haka, a zagaye na biyu, Hama Amadou ya tashi da kimanin kashi 7.5, Issoufou kuma ya haura kashi 92. Mutanen biyu ba su sauya ba, ƙasar ma ita ce. Abin da ya sauya shi ne waɗanda suka je rumfar zaɓe, domin 'yan adawa sun yi kiran ƙauracewa, kuma an fitar da ɗan takararsu zuwa Faransa don jinya kwana huɗu kafin ranar.

Waɗannan alƙaluma huɗu sun isa darasi guda na lissafin kaso. Irin tambayar da ake ba ɗalibi a ajin ƙarshe na firamare ko a kwaleji ita ce ke yanke wanda zai hau kujerar mulki, kuma kuskuren da ke kayar da yaro a jarrabawa shi ne ke ruɗa manya a fada da kuma a zaurukan WhatsApp: jin "kashi kaza" ba tare da tambayar "cikin su wa?" ba.

Lissafin da manomi ya riga ya sani

Kaso cikin ɗari ba baƙo ba ne a ƙasar Kurfai, sunansa ne kawai ya zo daga lakwal. Manomin gero a Shikal ko Tukunus da ya gama girbi yana fitar da dami ɗaya cikin goma na zakka, wato kashi 10 cikin 100. Mai noman ban-ruwa yana ba da rabin haka, kashi 5. Ɗan kasuwan da dukiyarsa ta kai nisabi ta kuma shekara yana cire ɗaya cikin arba'in, kashi 2.5 ke nan. A rabon gado ana maganar rabi da sulusi da rubu'i da sudusi da tumuni, kuma babu malamin da zai fara rabo bai tabbatar da yawan dukiyar ba bayan an biya bashi an cire wasiyya.

Wannan ƙa'ida ta malamin gado ita ce ƙa'idar lissafin zaɓe. Kafin a raba, sai an san jimillar abin da ake rabawa. A kowace rumfar zaɓe akwai jimilla uku daban-daban, kuma takardar sakamakon da ake cikewa da Faransanci tana jero su. Akwai waɗanda sunansu ke cikin rajista (inscrits). Akwai waɗanda suka zo suka kaɗa (votants). Sannan akwai ƙuri'un da suka inganta bayan an ware waɗanda suka lalace da waɗanda aka bari fayau (suffrages exprimés valables). Kason fitowar jama'a ana auna shi ne da rajista. Kason ɗan takara kuma ana auna shi da ingantattun ƙuri'u kaɗai.

Tambaya ɗaya, matakai uku

Ga misalin tambaya irin ta allon makaranta, da alƙaluman ƙaddarawa. Wata rumfa na da masu rajista 500. Kashi 60 cikin 100 suka fito. Ƙuri'u 20 sun lalace. Ɗan takara na farko ya samu kashi 55 na ingantattun ƙuri'u, sauran na abokin takararsa ne. Kowanne ƙuri'a nawa ya samu?

Matakin farko shi ne a san waɗanda suka fito. Kashi 10 na 500 shi ne 50, kashi 60 kuma sau shida na hakan, mutum 300. Mataki na biyu, a cire lalatattun 20, saura 280. Mataki na uku, a nemi kashi 55 na 280. Rabinsa 140 ne. Kashi 10 shi ne 28, don haka kashi 5 ya zama 14. Idan aka haɗa 140 da 14 an samu 154. Abokin takara ya tashi da 126. Ana tabbatar da amsa ta hanyar haɗa biyun: 154 da 126 sun koma 280.

Ɗalibin da ya yi gaggawa yakan ɗauki kashi 55 ya buga a kan 500, ya samu 275. Amsar ta kusan cinye dukkan ingantattun ƙuri'un rumfar, ta bar wa abokin takara biyar kacal. Ninkawarsa daidai take, jimillar da ya zaɓa ce ba ita ba.

Akwai kuma abin da tambayar ba ta nema ba amma ya cancanci a duba. Wanda ya ci rumfar da kashi 55 ya samu mutum 154 ne cikin 500 da ke rajista, wato kashi 30.8. Duka alƙaluman biyu gaskiya ne, kowanne na amsa tambayarsa.

Wani lokacin ana juya tambayar. A ce ɗan takara ya ci da kashi 55, abokinsa na da 45, ratar da ke tsakaninsu ƙuri'a 28 ce, a nemi jimilla. Ratar kashi 10 ce, kuma an ce ta yi daidai da 28, don haka kashi 100 shi ne 280. Duk tambayar da ta ba da rata, a mayar da ratar zuwa kaso, sauran aikin ninkawa ne.

Ƙuri'a dubu 73 da suka jawo zagaye na biyu

A tsarin da aka yi zaɓukan Nijar a kansa tun 1993, sai ɗan takara ya haura rabin ingantattun ƙuri'u kafin ya ci tun zagayen farko. Magoya bayan Issoufou sun yi kamfen 2016 da alƙawarin bugu ɗaya. Kashi 48.43 ya gaza rabi da 1.57. A kunne abin kaɗan ne. Amma ingantattun ƙuri'un wancan zagaye sun kai kimanin miliyan 4.65, kuma kashi 1.57 na wannan adadi ƙuri'a kusan dubu 73 ne. Ratar da ta yi kama da ƙurar alƙalami ta kai yawan mutanen babban gari, kuma ita ta sa fursunan Filinge ya shiga zagaye na biyu.

Faɗuwar Hama Amadou tsakanin zagayen biyu ma tana koyar da wani bambanci da ake yawan cuɗawa. Daga 17.73 zuwa 7.5 an sauka da maki goma da ɗoriya. Wanda ya ce "ya rasa kashi 10 na magoya bayansa" ya yi kuskure babba. A zagayen farko ya samu ƙuri'a kimanin dubu 824, a na biyu kimanin dubu 333. Abin da ya ragu ya kusan dubu 491, wato kusan kashi 60 na ƙuri'unsa na farko. Maki na auna tazarar kaso biyu. Kaso kuma na auna abu ne a kan asalinsa.

Shi ya sa gardamar 2016 ta koma kan yawan waɗanda suka fito. Hukumar zaɓe ta CENI ta ce kusan kashi 60 na masu rajista ne suka kaɗa a zagaye na biyu, 'yan adawa suka ce adadin bai kai ko kusa da haka ba. A zaɓen da ɓangare ɗaya ya ƙaurace, kowa ya san wanda zai ci, don haka lambar da ake kokawa a kanta ita ce ta fitowar jama'a.

2021: kashi 55 da kashi 50.3

Shekara biyar cif bayan haka, ranar 21 ga Fabrairun 2021, aka yi zagaye na biyu tsakanin Mohamed Bazoum da Mahamane Ousmane. Rajistar na ɗauke da sunaye 7,446,556. CENI ta ce kashi 62.91 sun fito, wato mutum kusan miliyan 4 da dubu 684. Sakamakon wucin gadi ya ba Bazoum ƙuri'a 2,501,459, Ousmane kuma 1,985,736. Haɗin biyun ya kama 4,487,195. Idan aka cire wannan daga yawan waɗanda suka fito, ana ganin ƙuri'a kusan dubu 197 ba su shiga lissafin kowa ba. A kan 4,487,195 ɗin ne aka fitar da kashi 55.75 da 44.25.

Ousmane ya ƙi amincewa, ya ce alƙaluman wakilansa sun nuna shi ya ci da kashi 50.3. Lissafi ba zai iya faɗin wanda ya yi gaskiya ba, wannan aikin takardun rumfuna ne da kotu. Abin da zai iya yi shi ne ya auna girman saɓanin. Daga 44.25 zuwa 50.3 akwai maki 6.05, wanda a kan wannan jimilla ya kai ƙuri'a kusan dubu 271. Ana gardama ne a kan makomar ƙuri'un da suka haura rubu'in miliyan.

Gardamar ba ta tsaya a takarda ba. An yi zanga-zanga a Yamai da wasu garuruwa, ministan cikin gida ya sanar da mutuwar mutum biyu da kama 468, aka kuma katse intanet na wayar salula na tsawon kwanaki. Hama Amadou, wanda Kotun Tsarin Mulki ta hana takara kuma ya mara wa Ousmane baya, an zarge shi da ingiza tarzomar, kuma a farkon watan Maris ya sake tsintar kansa a gidan kason Filinge.

Ranar 21 ga Maris kotun ta fitar da sakamakon ƙarshe bayan ta soke na wasu rumfuna: Bazoum 2,490,049, Ousmane 1,983,072. Idan aka auna ƙuri'un Bazoum da rajista baki ɗaya, suna kama kashi 33.4, wato mutum ɗaya cikin uku na masu katin zaɓe. Wannan bai rage halaccin lambar farko ba, doka da ingantattun ƙuri'u take aiki. Sai dai mai son sanin yawan goyon bayan da shugaba ya shiga fada da shi, lamba ta biyu ce ke ba shi amsa.

Ba a haɗa kaso da kaso kai tsaye

A daren zaɓe hotunan takardun rumfuna na yawo a waya, daga Filinge zuwa Kwatano da Abijan da Legas, inda 'yan ci-rani ke bin sakamako. Nan ne wani kuskure ke shigowa. A ƙaddara rumfa biyu. A ta farko ingantattun ƙuri'u 100 ne, ɗan takara ya samu kashi 80. A ta biyu 400 ne, ya samu kashi 30. Mai gaggawa zai haɗa 80 da 30 ya raba biyu, ya ce an ci da kashi 55. Amma ƙuri'un na ainihi 80 ne da 120, jimilla 200 cikin 500, wato kashi 40. An faɗi.

Haka abin yake a matakin jihohi. A 2021 Ousmane ya yi rinjaye mai faɗi a Yamai, Bazoum ya yi nasa a Tawa. Mazaunin babban birni da ya ga kusan duk maƙwabtansa sun zaɓi mutum ɗaya zai iya ɗauka ƙasar ma haka take. Nauyin kowace jiha a jimilla ya dogara ne da yawan ƙuri'unta, don haka sai an mayar da kowane kaso zuwa adadin mutane kafin a haɗa.

Inda aka yarda a haɗa kaso shi ne idan duk daga jimilla ɗaya suka fito. A zagayen farko na 27 ga Disamban 2020 Bazoum ya samu 39.30, Seini Oumarou 8.95, Albadé Abouba 7.07. Biyun sun mara masa baya daga bisani, kuma haɗin ukun ya kama 55.32, kusa ƙwarai da abin da ya samu a ƙarshe. Irin wannan lissafin ƙawance ne ya ba Ousmane nasara a 1993: Mamadou Tandja ya zo na ɗaya a zagayen farko da kashi 34.22, Ousmane na da 26.59, amma jam'iyyun ƙawancen AFC suka tara masa ƙuri'u ya ci da 54.42. Duk da haka hasashe ne kawai. Masu zaɓe ba buhunan gero ba ne da jagora zai ɗora a mota ya kai wa wani, kuma waɗanda ke fita a zagaye na biyu ba lallai su zama na farkon ba.

Sudusin Kano

Maƙwabciya Najeriya na da shari'ar da ta fi kowacce shahara a kan wannan batu. A zaɓen 1979 doka ta buƙaci wanda ya fi yawan ƙuri'u ya kuma samu aƙalla rubu'i, kashi 25, a kashi biyu cikin uku na jihohi 19. Shehu Shagari ya cika sharaɗin a jihohi 12. A Kano ya samu kashi 19.94. Obafemi Awolowo ya garzaya kotu yana cewa biyu bisa uku na 19 jiha 13 ce, tunda ba a gutsura jiha. Lauyan Shagari, Richard Akinjide, ya ce amsar 12 ce da biyu bisa uku, don haka a jiha ta 13 ana buƙatar rubu'in biyu bisa uku na ƙuri'u ne kawai. Rubu'in biyu bisa uku shi ne sudusi, kashi 16.67, kuma 19.94 ya haura shi. Kotun Ƙoli ta karɓi wannan hujja a watan Satumban 1979. Shugabancin ƙasa ya rataya ne a kan wace jimilla za a auna rubu'in da ita.

Mai bin labaran ƙasashen biyu ya kuma lura da rubutu. Takardun Nijar na bin tsarin Faransanci, suna rubuta 55,66 da waƙafi. Na Najeriya na rubuta 55.66 da ɗigo, suna amfani da waƙafi wajen raba dubbai. Lamba ɗaya ce.

Waɗanda ba su shiga ɗarin ba

Rajista ita ce tushen dukkan wannan lissafi, kuma mutane ne ke haɗa ta, ƙauye bayan ƙauye. A 2016 ta ɗauki sunaye kimanin miliyan 7.5. Sabuwar rajistar zamani mai ɗaukar hoto da zanen yatsa da aka yi don zaɓen 2020 ta tsaya a miliyan 7.4, duk da cewa al'ummar Nijar na cikin masu saurin ƙaruwa a duniya. 'Yan Nijar mazauna waje ba su shiga wannan rajista ba a lokacin, saboda annobar korona ta hana aikin, kuma kujerunsu biyar na majalisa sun zauna babu kowa har zuwa 2023. Ɗan Kurfai da ke Akra ko Kwatano bai shiga cikin masu fitowa ba, bai kuma shiga cikin masu ƙauracewa ba. Lissafin bai san da shi ba.

A jihar Tillaberi haɗa rajistar da kaɗa ƙuri'ar sun ci rayuka. Ranar 25 ga Disamban 2019 'yan bindiga sun yi kwanton ɓauna a yankin Sanam na gundumar Abala, wadda a da take ƙarƙashin Filinge, suka kashe jami'an tsaro 14 da ke rakiyar ma'aikatan rajistar masu zaɓe. A ranar zagaye na biyu na 2021 kuma ma'aikatan CENI bakwai suka mutu lokacin da motarsu ta taka nakiya a ƙaramar hukumar Dargol. Idan tsoro ya hana ƙauye yin rajista, mutanensa ba sa bayyana ko a cikin kason waɗanda ba su fito ba. Kason fitowar jama'a zai iya yin kyau a takarda alhali garuruwa sukutum suna wajen lissafi.

Zaɓe ya tsaya, lissafin bai tsaya ba

Tun juyin mulkin 26 ga Yulin 2023 ba a yi zaɓen ƙasa a Nijar ba. A watan Afrilun 2024 aka rusa majalisun ƙananan hukumomi aka naɗa masu riƙon ƙwarya. A watan Maris na 2025 aka rusa jam'iyyun siyasa, aka kuma tsayar da wa'adin shekara biyar ga mulkin Janar Abdourahamane Tiani, wa'adin da za a iya sauyawa gwargwadon halin da ƙasa ke ciki. Hama Amadou ya rasu a watan Oktoban 2024. Yaron da ke warware tambayar rumfa mai mutum 500 a ajin ƙarshe na firamare a Filinge a yau zai kusan kai shekarun zaɓe a ƙarshen wancan wa'adi.

Kafin nan ana ci gaba da ƙirga hannaye a ƙungiyoyin manoma da makiyaya, da kwamitocin iyayen yara, da ƙungiyoyin ɗalibai, da na 'yan asalin gari a ƙasashen waje. Duk inda aka ce wani ya ci da kashi kaza, tambayoyin su ne dai na takardar rumfa: mutum nawa ke da haƙƙin zaɓe, nawa suka zo, nawa aka ƙirga.

Mai waya a hannu zai iya gwadawa da alƙaluman ƙarshe na 2021. A haɗa 2,490,049 da 1,983,072, za a samu 4,473,121. A raba na farko da wannan jimilla a ninka da 100, wayar za ta nuna 55.667. Kotu ta sanar da 55.66, wasu rumbunan bayanai kuma suna rubuta 55.67. Ɗaya ya yanke lambar ƙarshe ne, ɗayan ya cike ta. Wannan ɗan bambanci na 0.01, a kan ƙuri'a miliyan huɗu da rabi, ya kai ƙuri'ar mutum kusan 450, kwatankwacin rumfa guda.